Gimbal ɗin waya mai araha a gaban katantanwa, mazari da tayar yara

Gimbal wani mariƙi ne mai injuna da ake maƙala masa waya don kada hoto ya girgiza yayin ɗaukar bidiyo. Wanda zan yi magana a kansa ba na manyan kamfanoni irin su DJI ko Zhiyun ba ne. Irin waɗannan ne da ake kawowa daga Sin, jiki ɗaya, kwali ɗaya, amma kowane dila da sunan da ya sa aka buga masa. Na saye shi a wani shagon kayan waya da ke kan titin Ahmadu Bello a nan Jos. Sana'ata ɗaukar bidiyon biki da walima da saukar karatu, amma ba don ita na saye shi ba. Akwai wani ɗan gajeren fim da na daɗe ina son yi, wanda babu labari a cikinsa, babu jarumi, babu rawa da waƙa, sai abubuwa masu juyawa kawai: katantanwa, mazari, maburgi, fanka, tayar da yara ke garawa a lungu. Don haka duk hukuncin da za ku ji daga bakina na mai wannan aikin ne. Mai bin amarya daga mota zuwa zaure zai iya samun abin ya fi masa daɗi fiye da yadda ya yi mini.

Tunanin fim ɗin ba daga kaina ya faro ba. A 1969 wasu mata da miji 'yan Amurka, Charles da Ray Eames, waɗanda aka fi sani da tsara fasalin kujeru, sun yi wani fim mai suna Tops, tsawonsa kimanin minti 7, babu mai ba da labari, sai kiɗa da kayan wasan yara masu juyawa iri-iri, ana murza su, su miƙe, su fara layi, su faɗi. Da na gama kallo sai na ce ai mu ma muna da namu, kuma namu ba na wasa kaɗai ba ne, da su ake miya, da su ake zare. Abokan sana'a sun sha mini dariya. Ɗaya ya ce, "Malam, fim babu soyayya wa zai zauna ya kalla?" Na ce masa a garin da hedkwatar Hukumar Fina-finai ta Najeriya take, har da makarantarta ta koyar da fim, ai ba za a rasa mutum goma masu haƙurin kallon katantanwa ba.

Abin da ke cikin kwalin bai taka kara ya karya ba: gimbal ɗin a naɗe, wayar caji, 'yar ƙafa mai yatsu uku da ake ɗaura masa a gindi, da takardar bayani mai ƙananan rubutu da sai an nemi tabarau. Jikinsa roba ne, ba shi da nauyi. Mariƙin ya zauna a hannu daidai, sai dai santsi gare shi idan tafin hannu ya yi gumi.

Ƙananan injuna uku ne a gaɓoɓinsa. Ɗaya na kula da waiwaye hagu da dama, ɗaya na kula da ɗaga kai da sunkuyawa, na ukun kuma shi ke hana hoto karkacewa gefe. Kusa da inda waya ke zama akwai sensa da ke jin kowane motsi, ta sanar da injunan, su mayar da wayar inda take tun kafin ido ya lura. Duk wanda ya taɓa riƙe kaza ya jujjuya jikinta ya ga kanta ya tsaya cak a wuri ɗaya, to ya ga aikin gimbal. Asalin wannan sensa, da ake kira jairoskof, ma a juyi yake. Jairoskof na da can faifan ƙarfe ne mai nauyi da ake juyawa da gudu a cikin zobba, shi ne wani masanin Faransa, Léon Foucault, ya yi amfani da shi a 1852 don nuna cewa ƙasa na juyawa. Na cikin gimbal da na cikin wayarka kuwa babu abin da ke juyawa a cikinsa. Ɗan mitsitsin abu ne da aka sassaƙa a jikin silikon yana karkarwa, in an juya shi karkarwar ta kauce, sai a auna kaucewar.

Ga abin da yaron shagon bai gaya mini ba, kuma na lura ba ya gaya wa kowa. Da ya zo nuna mini, cusa wayar kawai ya yi a cikin maƙalin ya kunna, injin ya fizge ta ta miƙe, ya ce, "Yallaɓai ka gani, shi ke yin komai da kansa." Ba shi ke yin komai ba. Kafin a kunna, sai an zauna an daidaita nauyin wayar: a matsar da ita hagu, a matsar dama, har ta tsaya a kwance da kanta alhali gimbal na kashe. In ta rinjaya gefe ɗaya, injin zai riƙe ta da ƙarfin tsiya, kuma za ka biya. Gaɓar ta yi zafi, ka riƙa jin wani siririn kuka, batir ya zube da wuri, can kuma hoton ya ɗauki rawa. Wayoyin yanzu duk nauyinsu na wajen kyamara, ga maƙalin wannan gimbal ɗin gajere ne, in ka matsar da waya har inda nauyinta ya daidaita sai ka tarar haƙorin maƙalin ya hau kan maɓallin ƙara murya. Dole na cire rigar wayar. Ranar da na maƙala ƙaramin gilashin kusanto da abu a kan kyamarar kuwa, sai da na ɗaure ɗan noti da salatif a ɗaya gefen kafin ta yarda ta tsaya. Duk wanda ya ce muku gimbal ɗinsa na rawa, ku fara tambayarsa ko ya daidaita kafin ya zagi kamfani.

Inda ya burge ni har na ji kuɗina bai tafi a banza ba shi ne wajen tayar. Na samu yara a wani lungu mai gangara a Gangare suna gara tsohuwar tayar mashin da ɗan kara. Na juya gimbal ɗin kai ƙasa, wayar ta rage kaɗan ta taɓa ƙasa, na bi su a guje. Lungun duwatsu ne da kwata da ramuka, amma a hoton sai ka rantse a kan kwalta aka ɗora kyamarar. Ana ganin yadda tayar ke miƙewa sosai idan ta samu gudu, da yadda take fara karkata da zarar gudun ya ragu, da yadda yaron ke taɓa ta a kafaɗa ta gyara hanya. Da hannu zalla ba zan taɓa samun wannan ba. Sai dai a sani, gaɓoɓi ukun nan ba sa cire tsallen tafiya, wato hawa da saukar jiki a kowane taku. Steadicam, wato mariƙin kyamarar fim da ake ɗaurawa a jiki, wanda Garrett Brown ya ƙirƙiro a shekarun 1970 yana da hannu mai sifirin da ke shanye wannan, shi kuwa gimbal na waya gwiwoyinka ne sifirinsa. Sai ka ɗan durƙusa, ka riƙa sa dunduniya a hankali. Yaran sun yi ta kwaikwayon tafiyata har na bar unguwar.

Haka ya yi mini rana wajen wata mai ginin tukwane a bayan gari. Ita ba ta da faifan juyi. Tukunyar na zaune wuri ɗaya, ita ce ke zagaya ta da baya-baya a sunkuye, hannu ɗaya ciki ɗaya waje. Da irin wannan ginin hannu Ladi Kwali ta tashi, wadda hotonta ke bayan takardar naira 20, kafin ta shiga cibiyar tukwane ta Michael Cardew a tsohuwar Abuja, wato Suleja ta yanzu, a 1954, ta koyi aiki da faifai. Na bi matar ina zagayawa tare da ita, sai ya zamana a hoton ita da tukunyar kamar suna tsaye, bango da bishiyoyi ne ke gudu a bayansu. A duk abin da na ɗauka babu wanda na fi so kamar wannan, kuma aikin gimbal ne tsantsa.

To amma zuciyar fim ɗin katantanwa ce, kuma a nan ne muka raba gari.

Ɗan yayata ne gwanin. Yana da ta asali, ta bawon dodon koɗi da aka goge bakinta, yana kuma da ta zamani da suke haɗawa da marfin biro da hular tsohon batir. Mun zuba yashi mai laushi a faranti a tsakar gida, ya kama ta tsakanin babban yatsa da na tsakiya ya murza. Rayuwar katantanwa gajeriya ce, amma hawa-hawa take. Da farko takan ɗan yi yawo tana neman wurin zama. Sai ta samu, ta miƙe, ta tsaya har ka ɗauka ba ta motsi, sai ɗan ramin da tsininta ke haƙawa a yashi ne ke tona mata asiri. Ƙarfin juyin ne ke riƙe da ita. Nauyinta na son kayar da ita, amma muddin tana gudu, maimakon ta faɗi sai kanta ya riƙa zana da'ira a iska. Yashi da iska na cin gudun a hankali, kuma abin mamakin shi ne, yayin da juyin ke raguwa, zagayen kan nata ƙara sauri yake yi yana faɗaɗa, har gefenta ya taɓa yashi ta kwanta. Wannan lokacin da take fara layi, wanda bai fi ƙiftawa biyu ba, shi nake nema.

Shi kuwa layi ba ya fitowa a hoto sai in duk abin da ke kewaye da shi ya mutu murus. Bakin farantin, ƙwayoyin yashi, inuwar bango, dole su kafe, don ido ya samu abin da zai auna karkatar da shi. Gimbal ba ya kafewa. Shawagi yake yi. Daga nesa ba ka gani, amma idan kyamara ta matso har katantanwa ta cika fuskar waya, numfashinka ma sai ya bayyana, hoton ya riƙa lilo a hankali gaba da baya. Mai kallo ya kasa gane wa ke layi, katantanwar ko kyamarar. Na kafa shi a kan 'yar ƙafarsa na kulle gaɓoɓin, sai wata matsalar ta fito: wayar ta yi sama da yawa, tana kallon katantanwar ta ka, ni kuwa so nake kyamara ta kwanta daidai da yashi ta kalle ta ido da ido. Ga shi kuma in an bar shi a kafe na ɗan lokaci, sai ka ga hoton yana zamewa gefe kaɗan-kaɗan da kansa. Akwai wurin saita sensar a cikin manhajarsa, na saita a kan tebur mai daidai, ya gyaru, bayan kwana biyu ya koma halinsa.

Abin da ya ɗauki hoton katantanwa a ƙarshe tsohuwar safa ce da na cika da gero na ƙulle bakinta. Na ajiye ta a ƙasa, na nutsa wayar a ciki, na sa mai ƙidayar lokaci don kada yatsana ya taɓa. Gimbal na gefe a kashe.

Manhajar na da wani abu na bin abin da ka zaɓa, ka zana masa akwati a fuskar waya, kyamara ta riƙa binsa duk inda ya yi. A kan fuskar mutum yana aiki ba laifi. A kan katantanwa kuwa, da ta fara gudu sai ya sake ta ya koma bin hannun yaron, wani lokacin ma ya ɗaga kai ya nemo fuskarsa.

Wajen Goggo abin rabi da rabi ne. Ƙanwar kakanmu ce, tana Unguwar Rogo, kuma cikin tsararrakinta ita kaɗai na sani da har yanzu take taɓa kaɗi, shi ma don kada hannu ya manta. Ta fito da taskirarta da auduga da alli, ta zauna a tabarma ta miƙe ƙafa. Ina cikin daidaita waya, gimbal ya waiwaya da kansa ya dube ta.

"Kai ɗan nan, wannan abin mai waige-waige, shi ma hoton yake ɗauka?"

"A'a Goggo, riƙe wayar kawai yake yi don kada ta girgiza."

"To hannun naka ciwo yake?"

Ban samu amsa ba, ita ma ba ta jira ba. Ta shafa alli a yatsu, ta kafa tsinin mazarin a ɗan ƙoƙo, ta murza. Gululun da ke gindinsa, wannan dunƙulen yumɓun, shi ne ke ajiye ƙarfin murzar ya riƙa sakinsa a hankali, shi ya sa mazarin ke ci gaba da gudu bayan yatsu sun sake shi. Hannunta na hagu na can sama da audugar, yana ja yana sassautawa, zaren na fitowa siriri daga cikin farin kamar ba a so. Ina son kyamara ta taso daga ƙoƙon, ta bi zaren har zuwa hannun saman a numfashi ɗaya. Ɗan maɓallin tuƙin da ke jikin mariƙin bai iya wannan ba, da fizga yake tashi, da fizga yake tsayawa, ko an rage masa gudu a manhaja. Da na ƙyale maɓallin na ɗaga hannuna gaba ɗaya a hankali na bar injin ya bi ni, sai tafiyar ta fito sumul. Hoton gululun na kusa kuwa, safar gero na sake komawa.

A wurin injin markaɗe gimbal ya sha kaye, ko da yake ba laifinsa kaɗai ba ne. Na so in ɗauki bel ɗin da ƙarfen da yake ja. Ƙasan shagon gaba ɗaya karkarwa take, karkarwar ta bi ƙafata ta hau hannu, gimbal kuwa an yi shi ne don manyan motsi masu jinkiri, ba irin wannan tsuma mai sauri ba. Hoton ya fito yana malkwaɗewa. Dalilin shi ne kyamarar waya ba ta ɗaukar hoto gaba ɗaya a lokaci guda, layi-layi take karantawa daga gefe ɗaya zuwa ɗayan, in abu ya motsa kafin ta gama sai ya fito a lanƙwashe. Shi ya sa fukafukan fanka ke fitowa a tanƙware a bidiyon waya. Babu gimbal ɗin da zai gyara wannan, komai tsadarsa. Na fita waje na tsaya a kan ƙasa mai tauri na ɗauka ta ƙofa.

Maganar fanka ta kawo ni kan babban ƙorafina da manhajar. Mai ɗaukar abu mai juyawa dole ya mallaki lissafin hotuna nawa kyamara ke ɗauka a sakan, da tsawon ƙiftawarta, wato lokacin da take barin haske ya shiga a kowane hoto. Misali, fanka mai fukafukai 3, in kana ɗaukar hoto 30 a sakan, ita kuma tana zagaye 10 a sakan, wato 600 a minti, to tsakanin hoto da hoto kowane fiffike ya koma daidai gurbin ɗan'uwansa, sai ta fito a tsaye cak alhali tana gudu. In gudun ya gaza haka kaɗan, sai ka ga tana komawa da baya. Wannan wasan nake so in yi da gangan, ina murɗa makunnin fankar. Ban da haka, wutarmu ta Najeriya mai bugu 50 ce a sakan, don haka a ƙarƙashin fitila hoto 25 ko 50 a sakan ya fi zama lafiya, in ba haka ba wasu fitilun sai su sa duhu-duhu ya riƙa gilmawa a hoton. In janareta ne ma sai abin da hali ya yi, don ba kullum yake riƙe bugun daidai ba. Manhajar gimbal ɗin ba ta ba ni damar taɓa ko ɗaya daga cikin waɗannan ba. Abin da ta cika da shi su ne kayan gyaran fuska da ƙara hasken fata. Kafin ma ta buɗe sai da ta nemi in yi rajista, ta nemi sanin inda nake. Na koma wata manhajar kyamara mai barin mutum ya saita komai da hannu, gimbal ya ci gaba da riƙe waya, sai dai maɓallin kusantowa da ke jikinsa ya daina aiki.

Ɗauka mai tafiyar hawainiya aikin waya ce, ba ta gimbal ba, amma ga mai son gwadawa: hoto 240 a sakan in aka kalle shi a 30, komai ya ragu sau 8, kuma haske yake ci ba kaɗan ba. A ɗaki hoton sai ya yi duhu da ƙura-ƙura. Maburgin da matata ta murza a tukunyar miyar kuka sai da muka fito da murhu tsakar gida da hantsi kafin ya ɗauku, tana ta mita wai na mayar da girkinta wasan yara.

Akwai kuma wani salo da yake juya wayar kanta kamar hannun agogo. Na gwada, hajijiya kawai yake sa mai kallo, kuma bai kai cikakken zagaye ba yake tsayawa. Ban sa ko sakan ɗaya nasa a fim ɗin ba.

Batirin ya isa aikin yini in an daidaita waya da kyau ana kuma kashe shi tsakanin ɗauka da ɗauka. Amma Jos tana kan tudu ne mai tsayin kusan mita 1,200, kuma sanyin asubar hunturu ba ya raga wa batirin litiyam. Da sassafe na ga fitilun cajin sun sauka da wuri, da na sa shi cikin rigar sanyi ya ɗumama sai ya farfaɗo. Ƙurar hunturu ma tana shiga gaɓoɓin, har ka ji ɗan ƙaras-ƙaras in ka juya su da hannu. Ina share su da busasshen burushi, ban taɓa sa musu mai ba.

Shagon kansa ba ni da abin zargi a kansu sosai. Wayar cajin da ta zo a kwalin ba ta kama da kyau, na mayar, suka canza mini babu musu. Rasit dai sai ka tambaya, garanti kuma na baka ne. Wanda ya sayi rariya ya san za ta zubar da ruwa, ban sa ran na kuɗi kaɗan zai yi aikin na masu suna ba. Mai ɗaukar biki, ko mai zagaya gida yana nuna wa masu haya, ko mai bin 'yan ƙwallo a gefen fili, zai ci moriyarsa. In za ka saya, ka je da wayar da za ka yi aiki da ita, ba ta yaron shago ba. Ka sa ta a maƙalin alhali gimbal na kashe, ka ga ko za ta daidaita ba tare da haƙorin ya danne maɓalli ba. Sannan ka kunna, ka kafa shi a kan kantar shagon, ka saita kyamarar a kan bakin ƙofa ko wani layi madaidaici, ka yi ta hira da mai shagon na ɗan lokaci kafin ka sake duba ko layin na nan inda ka bar shi.